Hannun da Ya Ƙi Sakin Igiya

Ranar Talata da hantsi aka maido mini da gorona.

Ko ganyen da aka rufe shi da shi ba a ɗaga ba. Wata tsohuwa daga gidan Alhaji Attahir ta ajiye ƙwaryar a bakin zaurena, ta gaishe ni idonta a ƙasa, ta ce, “Alhaji ya ce a ba ka haƙuri.”

Ni Manzo. Ni da na gina rijiya goma sha tara tsakanin Gangara da Tenhiya, mafi gajarta a cikinsu gaba talatin. Ni da ƙasa ta rufta da ni sau biyu na fito da ƙafafuna. Ban taɓa zama a bencin makarantar lakwal ba, wannan ma ’yata Samira ce ke rubutawa ina faɗa mata, amma da wuya ka sha ruwa a Damargu ba ka sha albarkacin hannuna ba. Yau ni ake aiko wa haƙuri a ƙwaryar goro.

Goron na neman auren Fadimata ne, ƙanwar Alhaji Attahir. Ba yarinya ba ce, ta aurar da ’ya’ya har ta goya jikoki. Mijinta ya rasu, ta gama takaba ta dawo gidan wanta a Gangara. Ni ma uwar Samira shekararta shida da rasuwa.

Kuma ba yau na fara sonta ba. Shekara arba’in da suka wuce na yi mata zance, na ce ta jira ni wata biyu in gama wata rijiya a Tenhiya. Rijiyar ta ci karo da dutse. Sai bayan wata goma sha huɗu na dawo, na tarar an kai ta ɗakin wani kwana uku da suka wuce.

Abin da ya jawo aka maido goron kuwa, hannuna ne na dama.

Shekara uku ke nan da aka yanke shi a Damagaram, ƙasa da gwiwar hannu kaɗan. Duk wanda ya dube ni dungu yake gani. Amma ni ina jin hannun. Yana nan inda yake, a dunƙule tam, farata sun nutse cikin tafi. Na sha rubutu, na yi turare, an yi mini ƙaho a kafaɗa. Bai buɗe ba. Kuma ban taɓa gaya wa kowa ba, don ba a san ni da kuka ba.

Juma’ar da ta gabata na je gaishe da Alhaji Attahir bayan la’asar. A zaurensa na tarar da Dado, mutumin Balbeji mai manyan motocin kamiyo biyu da haƙorin Makka, wanda shi ma yake neman Fadimata. Shi ke dafa shayi. Na zauna a tabarma na miƙe ƙafa, hannun nan nawa da ba a gani yana ajiye kusa da gwiwata.

Dado ya sauke butar daga kan gawayi, ya dire ta a tabarma. Daidai kan hannun.

Wuta ta ratsa ni har cikin haƙora. Ban san lokacin da na shuri butar ba, ina ihu, “Hannuna, za ka ƙona mini hannu.”

Shayi yana gangarawa ƙarƙashin takalman mutane.

Dado ya dubi tabarma, ya dubi dungun, ya ce a hankali, “Wane hannun, Mai Rijiya?”

Kafin Lahadi duk Gangara an ji cewa aljanin rijiya ne ya karɓe hannun Manzo, yana riƙe da shi a can ƙasa, in ya ga dama ya murɗa.

Da aka maido goron ban aiki kowa ba, na tafi da kaina.

Alhaji Attahir ya ce, “Zauna, Manzo. Wallahi ba don dungu ba ne. Mai hannu ɗaya na san shi, akwai su a masallacinmu. Kai hannu biyu gare ka, ɗaya yana inda ba mu gani. Ba zan sa ƙanwata ɗaki ɗaya da abin da ban san kansa ba.”

“Ita me ta ce?”

“Ba yarinya ba ce, ba zan yi mata dole ba. Amma ta san a gidan wa take, kuma ba ta taɓa tsallake maganata ba. Juma’a ta uku daga yau magabatan Dado za su zo.”

Na tashi na kakkaɓe rigata, na ce masa mata ba su ƙare a Damargu ba. Sai da na sha kwana na jingina da katanga.

*

Ranar kasuwa na iske ta a rumfarta, tana sayar da man gyaɗa da ƙuli-ƙuli. Fuskar ta yi layi-layi, amma idanun suna nan yadda na bar su, masu duban mutum har ya manta abin da ya zo faɗa.

“Ina wuni, Baban Samira.”

“Lafiya lau, Fadimata. Ya kasuwa?”

“Da godiya. An ce ka ƙone.”

“Wa ya ce? Wasa na yi wa Dado, in ga ƙarfin zuciyarsa.”

“Wasa.” Ta ci gaba da ɗura mai a kwalba. “Yana yi maka ciwo?”

“Ni? Ni da ƙasa ta rufta da ni…”

“Sau biyu. Na sani. Ba ka bar kowa bai ji ba. Tambayarka nake, yana yi maka ciwo?”

“Ko kaɗan.”

Ta ajiye kwalbar. Man ya ɗiga a zanenta.

“Haka ka ce wancan karon ma. Ina ɗakin amarci, lallen bai goge ba, aka zo aka ce mini Manzo ya dawo, yana dandali yana cewa ko a jikinsa. Wata goma sha huɗu na jira ka. Mutum uku na kora. Ko saƙon baki ba ka aiko ba, sa’an nan ka dawo ka ce ko a jikinka.”

“Fadimata, maganar samari ce.”

“Yanzu fa, ta tsofaffi ce? Ni aljanin Yaya bai dame ni ba. Na yi wankan gawa, na karɓi haihuwa, ba na tsoron abin da ba na gani. Abin da nake tsoro shi ne mutumin da wuta ke cinsa yana cewa iska yake sha. In na shiga gidanka zuciyata ta yi nauyi, wa zan gaya wa? Dado dai in kansa ya yi ciwo duk Balbeji sai an ji.”

“To ki auri mai ciwon kai.”

Ta share ido da gefen mayafi. “Ƙila shi zan aura. Amma majo, babban malamin gidan likita, ya ce wata mata ta zo Tanut daga Damagaram, masu dungu take dubawa. Ka je.”

“Sai na ga dama.”

“To.”

Washegari da sassafe na hau motar Tanut. Ba don ta ce ba. Ina da wani aiki a can.

*

Sunan matar Roda. Kirista ce, da ɗan gicciye a wuyanta, ba ta kai Samira shekaru ba. Aikinta koya wa gaɓoɓi motsi bayan karaya ko yanka, su a can kine suke ce mata.

Na zauna na fara ba ta labarin rijiyoyina. Ta saurara har na kai ta shida, sa’an nan ta nuna iskar da ke gaban dunguna.

“Baba, a buɗe yake ko a dunƙule?”

Ban gaya mata komai game da hannun ba. Na dubi ƙofa, na ga ko wani ɗan Gangara ya riga ni zuwa.

“A dunƙule,” na ce.

Ta ce in rufe ido. Ta ɗauki auduga ta shafa mini a kumatun dama.

“Ina ka ji?”

“A kumatu mana, ’yata.”

“Sai ina?”

“A babban yatsa.”

“Na wane hannun?”

“Wanda aka binne a Damagaram.”

Ba ta yi dariya ba, ba ta ja baya ba. Ta ce, “Baba, cikin mutum goma da aka yanke wa hannu ko ƙafa, wajen takwas suna jin gaɓar tana nan. Wasu ƙaiƙayi, wasu zafi, wasu irin naka.”

“Aljanu takwas ke nan.”

“Ko ɗaya babu. A cikin ƙwaƙwalwa kowace gaɓa tana da wurinta. An cire hannun, amma wurinsa yana nan a kanka, kuma maƙwabcinsa shi ne wurin fuska. Shi ya sa in an taɓa kumatu, labarin yake tsallakawa gidan hannu. Kai da ka san rijiya, in kana sama ka kira na ƙasa bai amsa ba, me kake yi?”

“In ƙara ƙarfin kira.”

“Haka kanka yake yi. Labarin ƙarshe da ya samu daga hannun shi ne a dunƙule yake. Yana ta aika masa ya buɗe, babu amsa, sai ya ƙara matsawa. Abin da za mu yi, mu sa ido ya kawo masa amsar.”

Ta ɗauko madubi mai tsawon kamu ɗaya, ta tsayar da shi a teburi a gabana, gefensa yana duban ƙirjina. Dungun ta sa shi a bayan madubin, hannun hagu a gabansa. Ta ce in leƙa.

Na leƙa. Hannu biyu na gani.

Ga shi nan, na dama, da yatsunsa biyar, da jijiyoyinsa, kamar wanda ya dawo daga tafiya bai gaya wa kowa ba. Na miƙe tsaye har kujera ta faɗi.

“Ni ba amarya ba ne da zan zauna gaban madubi.”

Ta ɗaga kujerar. A bakin ƙofa ta ce, “Baba, ba zan yi maka alkawari ba. Wasu yana yi musu, wasu ba ya yi. Amma in za ka gwada, minti goma sha biyar kullum, ka dunƙule na hagu ka buɗe a hankali, idonka a kan na cikin madubi. Yana iya ɗaukar makonni. In bai yi ba ka dawo, akwai magani da wasu hanyoyin.”

Na ce mata ni ba ni da makonni. Ba ta gane abin da nake nufi ba.

*

Kwana biyu da dawowata Fadimata ta zo gidanmu da azahar, wai ta kawo wa Samira man da ta saya. Samira ba ta sayi mai ba. Ta tsaya a ƙofar zaure, ƙafa ɗaya ciki ɗaya waje, yadda duk mai wucewa zai ga ba ta zauna ba.

“An ce an gan ka a Tanut.”

“Wasan yara ne. Wai in zauna in kalli madubi.”

Na ba ta labarin ina dariya. Ita ba ta yi ba.

“Da me kuke ganin gindin rijiya in ta yi zurfi?” ta ce.

Duk magini ya sani, in rijiya ta wuce gaba ashirin fitila mutuwa take yi. Da ɗan madubi ake tare rana daga sama a jefa ta ƙasa. Shekara arba’in ina yawo da shi a aljihu.

“Wannan daban,” na ce.

“Da ina ’yar budurwa na gan ka kana yi a rijiyar unguwarmu. Ban ce kai amarya ba ne.” Ta gyara mayafi. “Me hannun yake riƙe da shi, Baban Samira? Kowa ya san igiya ta cinye shi. Babu wanda ya ji daga bakinka yadda aka yi, kai da ba ka gajiya da labari.”

Ban yi niyyar faɗa ba. Bakina ne ya buɗe da kansa.

“Yasa muke yi a wata rijiya wajen Tarka, gaba arba’in. Jika abokin aikina yana ƙasa, uban ’ya’ya shida. Raƙumi ke jawo shi sama. Saura kaɗan ya iso, sai ɗaurin ya kwance daga raƙumin. Igiya ta juya da gudu tana komawa. Ni ne kusa. Na cafke ta, na naɗa a wuyan hannu, na tokare ƙafa da bakin rijiya. Ina jin ƙashi yana fashewa ɗaya bayan ɗaya. Ina jin Jika yana kiran sunan ’ya’yansa. Ban san tsawon lokacin da aka ɗauka kafin mutane su kama ba.”

“Ya fito.”

“Sun ce ya fito. Ni ban gani ba, na suma. Da wuƙa suka yanke igiyar, don yatsuna sun ƙi buɗewa. Kwana uku kafin mu kai Damagaram, hannun ya yi baƙi. Har aka yanke shi bai saki ba.”

Sai na ji ɗumi yana gangarowa a babban yatsan hannun da babu. Na duba, ba komai. Ashe hawaye ne ke bin kumatuna.

“Yana ciwo, Fadimata,” na ce. “Kullum. Ina salla yana ciwo, ina cin tuwo yana ciwo. Wancan karon ma ya yi ciwo. Na bar dandali na tafi bayan gari, na kwana biyu ban ci komai ba. Duk rijiyar da na gina bayan nan, in na kai ruwa, ke nake so in fara gaya wa.”

Ta juya mini baya. Kafaɗunta suna motsi. Mun daɗe a haka, wata akuya ta shigo ta wuce tsakaninmu babu wanda ya kore ta.

“Shekara arba’in,” ta ce. “Da ka faɗi wannan tun muna da haƙora.”

“Nawa suna nan, talatin da biyu.”

“Ka fara ko?” Ta yi ’yar dariya cikin kuka. “Ina da madubi mai tsawo, na kayan ɗakina. Ba zan kawo maka ba. In aka ga madubin bazawara ya shiga gidan namiji, ni da kai mun gama yawo a garin nan. Ka zo ka roƙa a gaban Yaya.”

“A gaban Dado ke nan. Kullum yana can.”

“A gaban Dado.”

*

Na taɓa sauka rijiyar da maciji ke ciki, ban ji abin da na ji ranar nan ba. Na durƙusa a zauren Alhaji Attahir, mutum shida suna zaune, na ce ina roƙon a ara mini madubin Fadimata. Na faɗi abin da Roda ta ce duka, har da cewa yana yi mini ciwo.

Dado ya yi dariya har haƙorin Makka ya haska. “Alhaji, a haɗa masa da kwalli da jan baki.”

Alhaji Attahir bai yi dariya ba. Ya ja carbi ya ce, “Madubin ba zai bar gidan nan ba. Ka riƙa zuwa bayan la’asar, a nan, a gabana. In akwai wani abu tare da kai, a madubi zai nuna kansa, kowa ya gani. In ya nuna, ba ka ƙara tako ƙofata.”

“Na yarda.”

Haka aka fara. Kullum Fadimata ta fito da madubin a naɗe cikin zane, ta jingina shi da turmi a kan tabarma, ta koma bayan asabari. Ni kuma in zauna, dungu a baya, hagu a gaba. In dunƙule, in buɗe. In dunƙule, in buɗe.

Na cikin madubi yana buɗewa. Nawa yana nan a dunƙule.

Kwana na farko zauren bai ɗauki mutane ba, har ta taga ake leƙe, ana jiran aljani. Kwana na huɗu rabi sun gaji. Kwana na bakwai daga ni sai Alhaji sai Dado, wanda ya bar kamiyonsa a hannun direbobi don kada wani abu ya wuce shi.

“Amarya, yau ma ba a gama kwalliyar ba?”

“Kai dai kula da butarka,” nake ce masa.

Abin da ban gaya wa kowa ba, idona ba ya zama a kan madubin. Ƙarƙashin asabarin akwai tazarar yatsa huɗu, ta nan nake ganin ƙafafunta. Ba ta tafiya cikin gida. Tana tsaye har in gama. Wata rana ta sa lalle, wata rana ƙurar gona ce a dugaduganta. Taku uku ne tsakaninmu, kuma na fi jin nisansa a kan hanyar Tenhiya.

Kwana na tara na ji ɗan yatsa ya motsa. Ko kuma na so ya motsa. Da na tashi, ya koma yadda yake.

Ranar Alhamis, gobe magabatan Dado za su zo, na shiga zauren na tarar babu turmi. Ana can ciki ana dakan furar baƙi da shi, ina jin sautin taɓarya har cikin ƙirjina.

Fadimata ta fito da madubin, ta jingina shi da buhun gero. Ya zame. Ta gyara, ya sake zamewa.

Alhaji ya ce, “Gwiwoyina ba za su bar ni in durƙusa ba. Dado, riƙe masa.”

Dado ya matsa baya kaɗan. “Alhaji, ni… hannuna da gawayi.”

“Goge mana.”

“A nemo dutse dai a tokare.”

Fadimata ta dube shi, duban da ban so a taɓa yi mini irinsa ba. Sa’an nan ta durƙusa a gabana, ta kama saman madubin da hannu ɗaya, ɗayan ta dafa tabarma ta bayansa ta tokare gindin.

“Fadimata,” in ji Alhaji.

“Gilashi nake riƙewa, Yaya. Kana gani.”

Ban taɓa kusantarta haka ba tun muna samari. Ƙamshin gyaɗa soyayya ne a jikinta. Na ga furfura biyu sun leƙo ta ƙarƙashin kallabi.

“Kada ka dube ni,” ta ce ƙasa-ƙasa. “Kwana goma sha biyu kana kallon ƙafafuna, ka ɗauka ban sani ba. Dubi hannun.”

Na dubi hannun. Na dunƙule na hagu da ƙarfi, har ya yi daidai da yadda nake jin na dama. A cikin madubi ga shi nan, dunƙulen da na sani.

“Jika ya zo kasuwa jiya,” ta ce. “Ya sayi mai kwalba biyu, yana ta ƙorafin tsuntsaye sun dame shi a gona. Ya yi ƙiba. Babu kowa a ƙasa, Baban Samira. Saki.”

Na fara buɗe na hagu, a hankali, kamar mai kwance ƙullin da ya sha ruwa. Babban yatsa ya ɗaga a madubi.

Nawa ma ya ɗaga.

Na riƙe numfashi. Manuni ya biyo. Na tsakiya ya tsaya, ya yi gardama, sa’an nan ya miƙe. Na ji farata suna fita daga cikin tafi ɗaya bayan ɗaya, na ji iska tana shiga inda ba ta shiga ba shekara uku. Ƙaramin yatsa bai miƙe duka ba, kuma zafin bai tafi gaba ɗaya ba, ba zan yi ƙarya ba. Amma hannun ya buɗe. Ya kwanta.

“Ya saki,” na ce. Muryar da ta fito ba tawa ba ce. “Alhaji, ya saki.”

Alhaji Attahir ya taso da sandarsa, gwiwoyin da suka hana shi durƙusawa suna ƙara. Ya sunkuya ya leƙa madubin, ya daɗe yana dubawa. Babu abin da ke ciki sai hannun tsoho mai kanta, a buɗe. Ya zagaya ya leƙa baya. Dungu ne, sai tabarma, sai hannun ƙanwarsa.

“To yanzu ina yake?” ya ce.

Da Manzon da ne, da ya san abin da zai ƙirƙira. Amma na riga na fara faɗin gaskiya, ban san yadda ake tsayawa ba. Hannun ya miƙe daga dungun zuwa gaba, tsawon da Allah ya yi masa, kuma a nan ne ta dafa tabarma.

“Alhaji, ka gafarce ni. Yana kan hannun Fadimata.”

Taɓarya ta tsaya a cikin gida.

Fadimata ta dubi bayan hannunta, inda babu komai. Ba ta janye shi ba. Hawaye ya sauko mata har haɓa, ta bar shi.

“To ɗauke, Baban Samira,” ta ce. “Ba a ɗaura ba tukuna.”

Alhaji Attahir ya dogara da sandarsa, ya dubi ƙanwarsa kamar yau ya fara ganinta. Carbin ya tsaya a tsakanin yatsunsa.

“Tukuna kika ce, Fadimata?”

Ta ɗago kai ta dube shi ido cikin ido.

“Tukuna na ce, Yaya.”